Ƙwayar da Ba Ta da Kwali

Na daɗe ban ce uffan a nan ba. Wasu har sun yi mini murnar aure. Ba aure ba ne, ƙodata ce ta tsaya.

Zazzaɓin damina ne ya fara. A gidanmu a unguwar Milezi ba a zuwa dubiya hannu banza, kuma ba a mayar wa babba abin da ya kawo. Gwaggo Hajara, yayar babanmu, ta zo da ƙwayoyi ƙulle a leda daga wurin wani dokta shuku, irin masu kasa magani a bakin kasuwa.

Na ce, "Gwaggo, ya sunansa?"

Ta ce, "Ja da rawaya. Sai an yi miki lacca za ki haɗiye? Shi nake sha, ga ni garau."

A jami'a ba a koya mana yadda ake ce wa gwaggo a'a ba. Na sha.

Fitsarina ya koma kalar shayi, daga baya ya ɗauke. Na kumbura har zobe ya ƙi fita.

A asibiti likita ta duba sakamakon jini ta ce, "Ku kawo mini kwalin." Babu kwali. Masu tsallako da maganin ta gadar kan iyaka zubar da kwalayen suke yi, don kayan su ɓoyu. Yaya Sani ya je kasuwa, ya tarar mutumin ya kwashe teburinsa.

Likita ta ce, "To ban san da me nake faɗa ba. Ƙodar tana iya tashi, tana iya ƙi."

Aka sa mini bututu a wuya, aka fara wankin ƙoda. Layi, sanyi, amai, ƙarar inji. Baba ya sayar da filinsa na Gudji.

Maryam, mai gadon gefena, 'yar unguwar Shagwa ce, tana da goyo. Ita ma ja da rawaya. Wata safiya na ga babu ita, an canja zanen gadonta.

Wata 'yar jarida mai bin diddigin jabun magani ta zo ɗakinmu. Baba ya ce, "Kar ki tona mana asiri." Ni dai na miƙa mata ragowar ledar. Da aka gwada, babu maganin zazzaɓi a ciki ko kaɗan.

Ranar da fitsari ya dawo, nas ta ɗaga robar tana guɗa. Na yi kuka a kan fitsari, ni da ban yi a ranar bikin digirina ba.

Na gode wa Allah, da likitata, da nas-nas, da Baba, da ku masu addu'a.

Kar ku sha abin da ba ku karanta sunansa ba, ko wa ya kawo. In fitsari ya ragu bayan shan magani, ku tafi asibiti a ranar, da ragowar a hannu.

An cire bututun. Rabin aiki ƙodar take yi. Na tambayi likita zancen haihuwa nan gaba, sai ta gyara tabarau ta ce mu fara ganin gwaji na gaba.