Kifin Preben

Shekara talatin Preben ya yi yana tuƙa bas a birnin Odense, bai taɓa soya ko ƙwai ba. Abin da ya iya kawai tsayuwa gaban murhun gashi, kwalbar giya a hannun hagu, yana juya naman alade har ya ƙone. Wannan kaɗai ya isa a ce da namiji gwanin girki a garin nan.

Yana da shekara sittin ciwon zuciya ya kayar da shi, likita ya raba shi da kitse. Matarsa Chizuru, wadda ya auro daga Japan tun suna da ƙuruciya, ita ta nemo mafita. Takan jiƙa kifin teku kwana biyu a cikin miso, daddawar Japanawa ta waken soya, a gasa shi a ci da sabon dankali, kokwamba mai tsami da baƙin burodi. Preben ya ɗanɗana, ya ji daɗi, ya ce shi ya ƙirƙiro.

Ƙungiyarsu ta masu lambunan haya takan yi walimar tsakiyar bazara, kuma mutum ɗaya ake ba murhu. Shekara tara ke nan murhun na hannun Preben, kuma duk duniya ba shi da wani abin taƙama sai shi. Chizuru za ta fito da farantin kifi daga ɗan ɗakin lambu, shi kuma ya ɗora a wuta yana wa'azin lafiyar jiki, tumbi a gaba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar yabo.

"Ni na koya mata," yakan ce. "A can ƙasarsu ɗanye suke ci."

Bana sai Bodil, shugabar ƙungiya, ta ce masa wani matashin maƙwabci na neman murhun, kuma bayan walima za a kaɗa ƙuri'a.

"Har an fara cewa matarka ce mai aikin, kai hayaƙi kawai kake sha," in ji Bodil.

Maganar ta soke shi. Ya koma lambunsu ya ce wa Chizuru bana kada ta taɓa komai.

"Har jiƙon?"

"Har jiƙon. Ki zauna ki ga aikin maza."

"To, maigida," ta ce, ta ci gaba da cire ciyawa.

Ranar walima da la'asar ya fito da kifi arba'in. Mutanen nan ba sa yarda an shafa wa burodi man shanu sai ya yi kaurin da haƙori zai bar shaida, kuma da wannan hankalin Preben ya lafta miso, ya ma ƙara wani a kai don kada a ce ya yi rowa. Bai taɓa lura cewa Chizuru na share kowane kifi tas da yatsa kafin ta miƙo masa ba, domin miso ba ya jure wuta. Ina zai lura, bakinsa bai taɓa hutawa ba?

Bai jira garwashi ya kwanta ba. Cikin minti biyu kifin ya yi baƙi ƙirin a waje, ciki ɗanye, hayaƙi ya kori tsofaffi daga teburinsu. Ya yi ta juyawa har fata ta manne wa wayar gashi, tsoka ta zube cikin toka. Wanda ya tsira aka raba, gishiri kamar an tafasa teku.

Ba wanda ya yi tsaki, nan ba a haka. Kowa ya ture nasa gefen faranti, ya ci dankali, ya yaba yanayi. Bodil ta tauna loma ɗaya, ta sha ruwa kofi biyu.

"Ya yi ƙarfi bana," ta ce. "Ina ga ba sai mun wahalar da mutane da ƙuri'a ba, ko Preben?"

Kunya ta rufe shi, amma ko a lokacin wanda zai ɗora wa laifi yake nema. Ya matsa kusa da matarsa, ya rage murya.

"Kina kallo na lafta shi. Me ya hana ki yi magana?"

Chizuru ta gama tauna kokwambarta tukuna.

"Shekara tara kana gaya musu kai ka koya mini," ta ce. "A gaban mutane zan gyara wa malamina?"