Wanda Ya Buga Ƙararrawar Sha Biyu

Ranar Talata ce, ana tsakiyar girbin gero. Ƙarfe shida na safe maigidana Markus ya buga ƙararrawa kamar kullum. Uku, ya tsaya. Uku, ya tsaya. Uku, sannan tara a jere. Ina bakin murhu na miƙe na yi addu'ar, na koma kan kokon da nake damawa. Ya dawo ya sha, ya ɗauki magirbinsa, ya ce zai dawo daga gona kafin sha biyu. Kullum yana dawowa kafin sha biyu. Shi ne katakis ɗinmu, mai ja mana addu'a da koyar da addini, don Fada, limamin cocinmu, ba ya zuwa daga Gusau sai sau ɗaya a wata.

Ba zan faɗi sunan ƙauyen ba. Yana gabas da Tsafe, tafiyar awa uku a ƙafa. Gida goma sha huɗu ne na Katolika, sauran Musulmi, kuma kakanninmu ɗaya da yawancinsu. Ƙararrawar da nake faɗa tsohon ƙarfen tayar babbar mota ne, rataye a darbejiyar ƙofar coci. Sau uku ake buga ta a rana: shida na safe, sha biyu, shida na yamma. Duk inda ta same ka sai ka tsaya cik, ka sunkuyar da kai, ka tuna saƙon da mala'ika ya kawo wa Maryamu. Anjelus muke kiran addu'ar. Minti biyu ce, ko uku in mutum ba mai sauri ba ne.

Da 'yan bindiga suka fara taɓa ƙauyukan kusa, mai gari ya tara dattawa. Aka yanke cewa in an ji ƙararrawa ba a lokacinta ba, ana buga ta ba tsayawa, kowa ya gudu, Musulmi da Kirista. Ba wanda ya tambayi abin da za a yi in sun zo a lokacinta.

A shekarar nan kowa yana neman infoma, wato ɗan gari mai kai wa 'yan bindiga labari. Wanda ya cika fita bayan gari yana waya, infoma ne. Wanda ya sayi burodi da yawa, infoma ne. Wanda kuma 'yan sa-kai suka ji sunansa, ko daga baki ɗaya ne, ba ya dawowa gida. Kowa ya san haka, ni ma na sani. Ni kuwa tun ina yarinya uwata take cewa idona ya fi hannuna aiki. A shekarar nan idona yana kan Malam Isah.

Malam Isah tela ne, rumfarsa tana kallon ƙofar coci. Kullum in ya idar da la'asar sai ya jawo benci, su zauna da Markus. Tambaya ba ta ƙare masa. Me ya hana Fada aure? Su wa ke zaɓen Paparoma? Me muke faɗa wa Fada a kunne in mun durƙusa? Markus kuwa, ko hanyar kasuwa ka tambaye shi sai ya faro maka daga Adamu da Hauwa'u. Ya ce Fada ya gaya musu a taron katakis cewa cocin yanzu ba ya rufe ƙofa, duk abin da maƙwabci ya tambaya a amsa masa. Na ce masa Fada a Gusau yake kwana, bayan katanga.

Saura mako uku abin ya faru, ina sharar ƙofar gida na ji muryar Malam Isah.

"Katakis, wagga ƙararrawa ta rana tsaka, in anka buga ta kowa tsayawa yakai?"

"Kowa."

"Ko shina gona?"

"Ko shina gona."

"Har minti nawa?"

Tsintsiya ta tsaya a hannuna. Da Markus ya shigo gida na ce masa bakinsa zai ja mana. Ya yi dariya, ya ce ni ko inuwata na gani sai na tambaye ta wa ya aiko ta.

Ranar Talatar, sha ɗaya da rabi na fara daka. Ƙanwata Sisiliya tana gonakin gabas tare da masu girbi. Sha biyu saura kaɗan ƙararrawa ta buga. Na ajiye taɓarya, na yi alamar gicciye. Na ji bugun ba daidai yake ba. Ya wuce uku, ya wuce tara. Amma bakina ya riga ya kama addu'a, kuma na ce a raina Markus ne ya makara yake sauri. Na kai gaisuwar Maryamu ta farko har ƙarshe. Ina cikin ta biyu na ji babura, masu yawa. Sai harbi daga gabas. Ƙararrawa ba ta daina ba.

Na leƙa ta saman danga. Ba Markus ba ne a gindin darbejiya. Malam Isah ne, da sandar ƙarfe a hannu. Ya ƙara bugu biyu, ya jefar da sandar, ya ruga yamma. Iyakar abin da na gani ke nan. Nan take zuciyata ta haɗa sauran: ya tambayi lokaci, ya kai musu, ya buga mana don mu tsaya.

Wani ya kwarma ihu daga waje: "Ku shiga dawa! Ku shiga dawa!"

Na shiga ba takalmi. Dawa ta fi mutum tsawo, ganyenta yana yankar fuska. A bayana ana ihu, "Tsaya! Kwanta!" Na ji ana dukan ƙofar langa-langa. Na ji shanu suna kuka ana kora su. Ƙarfe ɗaya muna kwance a wani kwari, mu kamar ashirin, ba mai tari. Hayaƙin rumbuna ya zo ya rufe mu, ƙamshin gero mai ƙuna. Harbin ya yi nisa, ya dawo, ya sake yin nisa.

Ƙarfe biyu muka kai rafi. Ruwa har ƙirji, ni kuma ban iya ruwa ba. Na tsaya a baki na kasa shiga. Wata mata ta fizgo hannuna. Hajara ce, matar Malam Isah.

"Riƙe zanena, Maman Rahila! Kada ki saki!"

Na riƙe. Muna tsakiyar ruwa, ƙafata ba ta taɓa ƙasa, abin da nake tunani shi ne ko ita ma ta sani. Da muka haye ban yi mata godiya ba.

Ƙarfe biyar muka shiga Tsafe. Aka sauke mu a wata makarantar firamare. Na bi aji aji. Babu Markus, babu Sisiliya. Wani da ya tsira daga gonakin gabas ya ce 'yan cocinmu shida suka tsaya a kan kunya, kai a sunkuye, har babura suka ɓullo daga cikin dawa aka harbe su. Sisiliya tana cikinsu. Musulmin da ke girbi kusa da su tun bugu na huɗu suka watsar da kaya. Markus kuma an gan shi a kan babur, hannu a ɗaure.

Dab da magariba Malam Isah ya iso. Ko ƙwarzane babu a jikinsa. Iyalinsa duk suna nan, ba wanda ya ɓace. Ya zo inda nake zaune ya durƙusa.

"Maman Rahila, sannu. Allah shi bayyana Katakis. Ai shi ne ya..."

Na tashi na bar masa wurin.

Laraba, ƙarfe takwas na safe, 'yan sa-kai suka zo, su biyar, da bindigogin gida da layu a damtse. Babbansu ya tsaya a ƙofar aji.

"Wa ya kai su? Ba su shiga gari sai da ɗan gari!"

Ba wanda ya tilasta mini, wannan nake so a sani. Da ƙafata na bi shi bayan aji. Na faɗa masa tambayoyin, na faɗa masa sandar ƙarfen. Ya ce da idona na gani? Na ce da idona. A lokacin ba tsoro nake ji ba. Daɗi nake ji, irin na wanda aka daɗe ana yi wa dariya ya zo ya yi gaskiya.

Ƙarfe tara suka fito da shi. Yana cewa, "I, ni na buga! Ni na buga! Ku tambayi Katakis!" Wannan ya ƙara tabbatar musu. Suka sa shi a tsakiya a kan babur. Hularsa ta faɗi, Hajara ta duƙa ta ɗauka. Ba ta san wanda ya ba da sunan ba. Ba a sake ganinsa ba.

Alhamis na shiga motar Gusau, na sauka gidan 'yata Rahila. Kwana goma sha tara ban ji labarin Markus ba. A kwana na ashirin, ƙarfe goma na safe, waya ta shigo daga Bungudu. Ya gudo daga daji ana ruwan sama, wani makiyayi ya tsince shi ya kai shi asibiti. Na same shi a kwance, ya rame, ƙafar hagu a naɗe. Na kama hannunsa ina kuka. Ya bari na gama, sannan ya yi tambayarsa ta farko.

"Isah ya tsira?"

Na sunkuyar da kai, shi kuma ya ɗauka gajiya ce, ya ci gaba. Ya ce yana dawowa daga gona sha biyu saura kwata ya hango babura a kan tudu. Ya ruga don ya kai ga ƙararrawa. Harsashi ya same shi a ƙafa tun a bayan gari, ya ja jiki har ya faɗi a bayan rumfar ɗinki. Daga nan ya yi wa Malam Isah ihu ya buga, kada ya tsaya. Mutumin yana da hanyar gudu a buɗe. Ya bar keken ɗinkinsa ya tsaya a fili yana bugu har sai da aka fara harbin darbejiyar.

"Dut garin a kan bugunsa sunka gudu," in ji Markus. "Mu ne munka tsaya."

Na ce to tambayoyin fa? Me ya kai shi tambayar minti nawa muke tsayawa? Markus ya dube ni kamar bai gane ba.

"Don ya riƙa tsai da keke. Ya ce ƙararsa tana shiga addu'armu. Ba ki lura ba tun rannan, in an buga sha biyu rumfarsa shiru take?"

Ban lura ba. Ni da nake ƙirga burodin mutane, mako uku cur ban lura ba. A nan bakin gado na faɗa masa abin da na yi. Bai yi faɗa ba. Ya zare hannunsa daga nawa a hankali, ya juya fuska bango. Da ya zage ni da ya fi mini sauƙi.

Ranar Asabar na durƙusa gaban Fada a Gusau na furta zunubina. Na zaci zai ce lokacin yaƙi ne, kowa yana kuskure. Bai ce ba. Ya ce gafarar Allah tana nan, amma coci ba ya barin mutum ya riƙe abin da ya ɗauke wa wani. Ran mutumin ba zan iya mayarwa ba. Sunansa kuwa yana hannuna, sai na mayar da shi inda na ɗauko, a gaban mutane. Na fito ina jin haushinsa. Na kwana huɗu ina neman dalilin da zai hana ni zuwa, ban samu ba.

Hajara tana Bungudu, gidan yayanta. A Tsafe ba mai zama kusa da ita, ana nuna ta ana cewa matar infoma. Na je da hantsi, Markus yana bina yana dogara sanda. Aka shimfiɗa tabarma a zaure. Yayanta ya kira dattawa uku daga cikin mutanen ƙauyenmu da suka sauka a garin. Markus ya faɗi nasa. Ni ma na faɗi nawa, ban rage komai ba, har daɗin da na ji. Yayan ya miƙe tsaye, wani dattijo ya riƙe masa riga. Hajara ba ta motsa ba. Ta daɗe tana kallon hannuwana.

"Ke ce kinka riƙe zanena," ta ce.

Na ce ni ce.

Ba ta ce ta yafe ba, ba ta ce ba ta yafe ba. Ta tashi ta shiga gida. Dattawan suka ce za su faɗa a masallaci ranar Juma'a, za su aika Tsafe ma a faɗa. Sun cika alkawari. Gawa dai ba a samu ba, ba a yi masa salla ba.

Ba mu koma ƙauye ba. A Gusau ma ana buga sha biyu. Kowa ya tsaya, ni ma in tsaya, amma har yau sai na ƙirga bugun kafin in buɗe baki.

Watan Nuwamba shi ne watan da muke yi wa matattu addu'a. Fada ya ce kowa ya rubuto sunayen nasa a takarda. Na same shi bayan coci na tambaye shi ko ana rubuta Musulmi. Ya ce rubuta. Shida a gonakin gabas, da tsoho ɗaya da wuta ta ci a ɗakinsa. Mutum bakwai 'yan bindiga suka kashe mana ranar nan. Ranar Lahadi Fada ya karanta takwas. Wata mata 'yar Gusau da ke zaune kusa da ni ta matso ta yi ƙasa da murya.

"Isah kuma? Shi ma 'yan bindigar ne suka kashe shi?"

Na ce mata a'a.