Tabon da ke ƙeyata

Ni ne ɗan fari a ɗakinmu, uwata kuma Bafulatana ce. Ba ta taɓa kiran sunana ba, ko da wasa, ko a cikin faɗa, don a wurinsu abin kunya ne uwa ta nuna ta san ɗanta na fari. Ana yaye ni kakata ta wajen uba ta ɗauke ni zuwa ɗakinta, a cikin gida guda, a ƙauyenmu na kusa da Gangara. Na girma ina kiran tsohuwa Inna, wadda ta haife ni kuma ina ce mata Adda, yadda na ji ƙannenta na kiranta. In tana son a ba ni fura sai ta ce da ƙanwata, "Kai ma wancan." Da na gama karatu aka tura ni koyarwa Cadawa, sai aka ƙara mini girma, na tashi daga "wancan" na koma "mushen lakol", wato malamin makaranta. Abin da ke ba ni haushi tun ina ƙarami shi ne, duk namijin da ya shigo gidan, ko mai tallan gishiri ne, "ɗana" take ce masa baki cike. Ni kaɗai aka cire a ciki.

Shekarar da idonta ya fara dushewa, likita ya ce ba yana ba ce da za a cire, hasken ne ke janyewa a hankali. Adda ba ta yi kuka ba. Ta sa aka kai bijimanta na gado kasuwa, ta ce ita dai ta ga Ɗakin Allah da idonta tun tana gani. Masu kai alhazai suka ce suna rufe rajista wata Alhamis, wanda bai kawo shaidar ya ajiye takardun fasfo ba sai baɗi. Likita kuwa bai yi mana alkawarin baɗi ba.

Autarmu ce ya kamata ta raka ta, don ita ce bakinta da kunnenta, sai ta haihu a daidai lokacin. Dole aiki ya faɗo kaina. Adda ba ta da takardar haihuwa, saboda haka muka fara daga tushe: meri, ofishin magajin gari, da shaidu biyu, sannan jastis, wato kotu, a Agye don takardar zama ɗan ƙasa, sannan kwamisariya, wurin 'yan sanda, don katin shaida. Ina da moto, wato babur, amma ta rantse ba ta hawa bayana. Sai in ɗaukar mata ɗan kabu-kabu, ni kuma in bi su a baya da moto babu kowa, mutanen hanya suna mana dariya. A duk buro ɗin nan babu wanda ya wahalar da mu. In aka tambaye ta wane ne wannan, ta ce mushen lakol ne, sai mai rubutu ya yi murmushi ya ci gaba da rubutunsa, don shi ma ɗan ƙasar ne, wataƙila ma ɗan fari.

Wannan sauƙin ne ya ruɗe ni. Na shirya komai irin shirin malamin makaranta: takardu a jere cikin leda, hotuna, tambur, wato kan sarki, har biro biyu. Na sa autarmu ta yi ta bita da ita, shekarar haihuwar da alƙali ya yanka mata, sunan ubanta, sunan uwarta, har ta haddace. Ban taɓa kawowa a raina za a matsa mata da tambaya a kaina ba.

Ranar Laraba, ana gobe rufe rajista, muka isa buron fasfo a Maradi da hantsi. Layi ya kai bakin ƙofa. Muka zauna a benci, ita can ƙarshe, ni nan ƙarshe, wata mata mai kwando a tsakaninmu. Sai bayan azahar aka kira mu.

Ɗan sandan da ke karɓar takardu matashi ne, tsaf da shi, Hausarsa ta aiki ce, da jin harshensa mutumin yamma ne. Adda ta gaishe shi, "Sannu da aiki, ɗana." Ya amsa da ladabi. Aka ɗauki hoto, aka ɗora yatsunta a kan na'ura ɗaya bayan ɗaya, ta faɗi shekararta ba gargada. Har na fara jin iska. Sai ya rufe dosiyen takardunta, ya ɗora hannu a kai, ya dube ta.

"Inna, wannan da ya kawo ki, wane ne?"

Adda ta dubi ƙafar tebur. "Mushen lakol ne."

"Na gani a katinsa. Mene ne shi a wurinki?"

"Ɗan gidanmu ne. Tsohuwa ta riƙe shi."

"Ke kika haife shi?"

Ta ja mayafi ta rufe baki.

"To, faɗa mini sunansa."

"Yana da baki," in ji ta. "Tambaye shi."

Ni mutum ne mai saurin hawa, ɗalibaina sun sani. Na miƙe na buɗe masa Faransanci, irin wanda nake ajiyewa don ranar da masu duba makaranta suka zo. Na ce uwata ce, na ce ga katina, ga sunanta a rubuce a ciki, na ce shekara ashirin ina bauta wa ƙasa. Ya bar ni na gama. Sannan ya ce, da Hausa, don ita ma ta ji, akwai masu shiga ƙauyuka suna kwaso tsofaffin mata, su ce iyayensu ne, a yi musu fasfo, a kai su wata ƙasa a zaunar a bakin titi suna roƙo. Ya ce ya taɓa ganin mutum guda da uwa uku. Sunan da ke katina kuwa, mata masu shi sun cika gari.

"Kuma ka ce uwarka ce," in ji shi, "tun ɗazu ina ji kana ce mata Adda."

Na yi masa bayanin al'ada. Ya ce ya san da ita, amma waɗanda ake kamawa su ma ita suke fara ambata. Ya ɗauki dosiyen Adda ya aza a hagunsa, kan wani tulin takardu da ƙura ta fara hawa. Ya ce waɗannan sai an aika an tambayi mai gari, sati ɗaya ko biyu. Sannan ya ce in fita in jira, zai yi magana da ita su biyu.

Na koma benci na zauna, gumi yana bin bayana. Gaskiya ba shi nake jin haushi ba, aikinsa yake yi, da ƙanwar uwata ce wani ya kawo da na gode masa. Adda nake jin haushi. Kalma ɗaya ce tsakaninta da Makka, kalmar da ladan ya sani, mai shayi ya sani, yaran aji uku suna rubutawa a bangon makaranta, ita kuma ta gwammace bijimanta su tafi a banza, idonta ya rufe, da ta furta. Akwai kuma abin da na ji kunyar samunsa a raina. Ina so ya matsa mata. Ina so ya tilasta ta, ni kuma in kasa kunne ta taga in ji yadda sunana yake a bakinta, ko sau ɗaya. Na matsa kusa da tagar ma. Ban ji komai ba sai ƙarar fanka.

Can ya leƙo ya yafuto ni. Adda tana zaune inda na bar ta, amma ta juya kujerar ta fuskanci bango.

"Mushe, tuɓe hularka. Juya."

Na tuɓe, na juya. Na ji ya taɓa ƙeyata da gindin biro, daidai inda gashi ba ya fita. Tabo ne mai tsawon ɗan yatsa, ni kaina sai wanzami ya tuna mini nake tunawa da shi.

"Ta ce zan ga tabo a nan, ga shi kuwa. Me ya kawo shi?"

Na ji sanyi, don wannan tambayar na san amsarta. "Jaki ya kada ni ina ƙarami. Kakata ta sha faɗa mini."

Ya koma kujerarsa, fuskarsa ta rufe. "Ba haka ta ce ba."

Na ga hannunsa ya sake komawa kan tulin hagu. Na ce a raina shi ke nan, ni da bakina na rushe mata tafiya.

Sai Adda ta yi magana. Bango take wa magana, a hankali, da muryar da take ƙirga kaji da ita da yamma.

"Ba jaki ba ne. Tsohuwa ta hwaɗa mishi haka don ta ruhe mini asiri. Da anka yaye shi anka kai ɗakinta, ni ko na kasa haƙuri. In rana ta take, mutane na gona, tsohuwa na barci, sai in sato shi in goya, in tai rijiyar bayan gari inda ba mai ganina. Damina guda ina haka. Rannan na duƙa in ɗau tulu, majanyi ya kwance, ya hwaɗo bisa bakin kwamin da shanu ke shan ruwa. Na yo gida da gudu, jini ya ɓata mini zane. Tsohuwa ta amshe shi, ta tura ni ɗaki in sake zane, ta hito tana ihu wai jakin maƙwabta ya kada mata jika. Har duka jakin ya sha." Ta gyara mayafinta. "Tun rannan ban sake goyonshi ba. Tsoro nike."

Ina tsaye da hula a hannu, mutum mai furfura a gemu, ina kallon bayan uwata. Duk tsawon rayuwata na ɗauka tunda aka yaye ni ban sake hawa bayan nan ba, na ɗauka ba ta ma san yadda ƙeyata take ba. Hawaye suka zo mini, ban hana su ba, ita dai ba ta kallona.

Ɗan sandan ya jawo dosiyen daga hagu, ya hure ƙurar da ta taɓa shi, ya buɗe. Ya ɗauki biro, sannan ya dubi bayanta, yana ɗan murmushi.

"Sunan fa, Inna?"

"Ɗana, ka sa na hwaɗi abin da ya hi shi nauyi. Bar mini wannan."

"Na bar miki."

Ya jawo katina ya kwafi sunan da kansa. Ya buga hatimi, ya yago takardar shaida ya miƙa mata da hannu biyu, ya ce ta sa shi a addu'a in ta isa. Ni kuma ya ce, "Mushe, ka yi haƙuri, aiki ne." Duk Faransancin ɗazu ya gudu ya bar ni. Na ce madalla, na ce Allah ya saka, na ƙara cewa madalla.

Kafin la'asar takardar tana hannun masu rajista, na tsaya har na ga an rubuta sunan Adda. Da na fito sai na zauna a kan dakalin wani shago na sha ruwa leda biyu. Fasfo ya fito daga baya, ta je, ta ga abin da take son gani da idonta. Yanzu hasken ya kusa ƙarewa, amma tana ba da labarin dalla-dalla, har launin tantabarun wurin. Ƙannena sun fi ni iya maimaita shi, don su ake ba, ni daga zaure nake ji.

Nawa rabon a motar komawa na same shi, ranar Larabar nan. Na zauna a layin tsakiya, ita tana bayana tare da wata mata mai buhun albasa. Mun ɗauki hanyar gabas, rana ta sauko tana shigowa ta gilashin baya. Sai da muka wuce Cadawa na lura hular tana hannuna tun daga buro, na murɗe ta har ta fita kamanninta. Ina shirin warware ta sai na ji Adda tana magana da mai albasa.

"Baiwar Allah, ce ma mushen can shi sa hularshi. Rana na dukan ƙeyarshi."

Matar ta taɓa kafaɗata ta isar da saƙo, kamar ban ji ba. Na ce na gode, na ji. Na ninke hular na sa a aljihu, na ƙara jingina baya kaɗan, ban sa ta ba har muka sauka Gazawa.