Matar da Ke Yi wa Kawu Idi Sannu da Zuwa

Duk wanda ya san Kawu Idi, ƙanen mahaifiyata, ya san ba ya shiga ko'ina sai da sallama. Har asansar, na'urar nan da ke hawa da shi bene a unguwarsu ta Minguettes can ƙasar Turawa, sai ya yi mata, ya tsaya jiran amsa, ƙofa ta rufe ta bar shi.

"Ƙasar da ƙarfe ma bai da tarbiyya!" in ji shi.

Direban taragon unguwar ya sha tambayar gajiya da iyali har ya koyi cewa "lafiya lau" don a bar shi ya tuƙa.

Bayan rasuwar matarsa Inna Hajo, Kawu ya tsinto wani gilashi a 'yan gwanjon Guillotière, irin wanda ake ɗaurawa a fuska mutum ya gan shi a wata duniya. Mai kayan ya rantse masa zai ga Makka. Ina Makka! Ashe fim ɗin manya ne na Japan a ciki, irin na rashin kunyar nan.

Na zo daga Paris duba shi, na tarar ya dawo masallaci, ya gyara hula, ya ɗaura abin, ya rangaɗa sallama. Can ya yi murmushi, sai ya fizge shi da sauri.

Na karɓa na leƙa: wata mata ce a bakin ƙofa, ta rusuna ta faɗi wata kalma. Da na ga inda aka dosa, na yi salati.

"Kawu! Ka san mene ne wannan?"

"Na sani mana. Ni a zaure nike tsayawa, ban shiga ɗakin mutane."

"To mi kake nema wurinta?"

"Wani ɗalibi ya fassara mini kalmar. Sannu da zuwa take cewa." Ya shafa gilashin da hannun riga. "Tun da Hajo ta tafi, wa ya ce mini haka a gidan ga?"

Dariyar da na tanada ta maƙale mini. Har yau in na tuna, zuciyata zafi take.

Ranar da maƙwabta suka ɓalle ƙofarsa, sun same shi a kujera da hularsa, gilashin a cinya, rai ya yi halinsa.

Allah, bawanka Idi ya zo, kuma na san da sallama ya shigo. Ka sa a amsa masa. Ka sa Inna Hajo ce a bakin ƙofa.