Ajuji da Direban Ogbomosho

An haifi Ajuji a wani ƙauyen Maguzawa kusa da Bunkure. 'Ya'ya uku uwarsa ta binne kafin shi, babu wanda ya kai yaye. Shi ya sa da ya faɗo, kakarsa ta ɗauke shi ta kwantar a kan juji a bayan gida, ta juya kamar ba ta damu ba, sannan wata maƙwabciya ta je ta tsinto shi. A ganinsu mutuwa ba za ta kula abin da aka yar ba. Sunan ya bi shi.

Da ya musulunta yana saurayi, Malam Abdussalam ya raɗa masa Lukmanu. Ban da malamin babu mai kiransa haka. Ya gaji da gyara wa mutane ya bari, amma in baƙo ya tambaye shi ma'anar Ajuji, sai ya ce bai sani ba.

Da ruwan Tiga ya iso gonakinsu, ya sami fili wajen Kadawa yana noman tumatir da rani. A 1983 ya san wani direba Bayarabe mutumin Ogbomosho, mai suna Malomo, wanda ke zuwa lodin tumatir zuwa kudu. Direban a Sabon Gari ya girma, Hausarsa ba gargada. Wata rana ana loda kwanduna, suna zaune a gindin mangwaro, direban ya ce, "Malam Ajuji, yayyenka nawa suka mutu?"

Ajuji ya ɓata rai. "Wa ya gaya maka?"

"Sunanka. Ni ma haka ne. Malomo a Yarbanci, wai kada ka sake tafiya. Biyu suka riga ni, uwata ta ce ni ne nake zuwa ina komawa."

"Ku ma kuna yi?"

"Mu kaɗai? Je ka Kura wajen Inyamurin nan mai gyaran injin ban-ruwa, ka tambaye shi sunan gidansu."

Bayan kwana biyu Ajuji ya je, ko da yake injinsa lafiya lau. Mutumin ya goge hannu da tsumma ya ce Onwubiko, ma'anarsa mutuwa, ina roƙonki. Ya ce sunan kakansa ne, bai ma san su wa suka mutu ba. Ajuji ya sayi wata 'yar ƙusa da ba ya buƙata ya tafi.

Tun daga nan ya kama tambayar mutane sunayensu. Leburorin da ke zuwa cirani su ya fi damu. Daga wani Babarbare ya ji cewa Modu Muhammadu ne, daga wani Bafulatani kuma cewa Sambo ɗa na biyu ne. Wasu su amsa, wasu su ɗauka tsokana ce. Shi ma in an tambaye shi nasa, sai ya faɗa a taƙaice.

Matarsa Indo ta haihu sau biyu, ba su tsaya ba. A 1986 ta haifi mace. Gwaggonsa, ƙanwar babansa da ba ta bar al'adar gida ba, ta zo daga ƙauye ta ce a kai jaririyar juji.

"Gwaggo, na sha wahalar sunan nan," in ji shi.

"Wahalar suna ka sha, amma ga ka a tsaye."

Bai musa ba, bai kuma yarda ba. Suka kwana biyu ba ta amsa gaisuwarsa. Daga ƙarshe ya ce ba za a kai yarinyar ko'ina ba, amma Gwaggo ta sa mata sunan da mata za su riƙa kira. Ranar suna liman ya raɗa Ruƙayyatu, Gwaggo ta ce Barmani.

Yarinyar ta yi ƙyanda tana shekara biyu, ta tashi. A shekarar ne Malomo ya daina zuwa. Wani direba ya ce ya sayar da motar ya buɗe kantin taya a garinsu. Ajuji ya ba da kwandon albasa a kai masa, bai dai ji ko ya isa ba.