Fim a Gonar Gero

Mutanen unguwarmu, Ƙofar Sauri, ba sa kirana marubuci. "Malam mai kaset" suke cewa, wasu kuma a bayan idona su ce ɗan gwangwan mai tabarau. Ban ga laifinsu ba. Mutumin da ya cika ɗaki guda da tsofaffin kaset na bidiyo, yana lallaɓa su kamar jarirai, wai shi tarihin fim yake adanawa, ai shi ya jawo wa kansa.

Kaset guda ne ya hana ni sakat. Wasan kwaikwayo ne da samarin unguwa suka ɗauka da kyamarar biki tun ina firamare, kuma kwafi ɗaya tak aka yi. Duk 'yan wasan sun rasu sai Baba tela, shi ma idanunsa sun tafi. Wata rana ina zaurensa, wannan bakin nawa da ba ya shawara da ni ya ce, "Baba, ni zan nemo maka shi." Ya ce, "Ɗana, ko ban gani ba, in ji muryoyinsu kafin in bi su." Shi ke nan na ɗora wa kaina.

Na yi ta cigiya har na gano kaset ɗin ya ƙare a wani tsohon shagon hayar bidiyo a Ƙofar Kaura. Mai shagon yanzu tura fina-finai a waya yake yi. Ya ce, "Ayya Malam, ka makara. Wani manomi ya kwashe su kaf farkon damina."

Na ce, "Manomi? Yana da bidiyo ne?"

Ya yi dariya har da riƙe ciki. Ashe zare zaren kaset ɗin suke yi su ɗaura a gona, iska na kaɗa shi yana walƙiya yana kuka, tsuntsaye su tsere. Ni da na shekara da shekaru ina rubutu a kan inda fina-finanmu suka shige, ban san gadin gero suka koma ba!

Na hau acaba zuwa bayan gari. Wallahi da na hango gonar sai da na yi salati. Zare baƙi ne ko'ina, daga wannan sanda zuwa waccan, yana ta rawa a kan gero. A gindin wata bishiyar bedi na tarar da ƙwaryar kaset ɗin, sunan wasan na jiki, ciki wayam.

Na yi wa manomin doguwar gaisuwa, sannan na yi masa bayani mai tsawo a kan tarihi da amanar na baya. Ya saurara tsaf. Ya nuna mini kusurwar gabas inda ya ɗaura zaren, ya ce, "Malam, na ji ka. To in ka kwance shi tsuntsayen jan-baki suka cinye mani gero, mi za mu ci? Tarihi? Kawo wani zaren ka ɗauki naka."

Na dawo gida na tsaya gaban kaset ɗina ina zaɓen wanda za a yanka. Wannan a'a, wancan haram. Ƙarshe hannuna ya faɗa kan na wata lacca da ni kaina na gabatar a wani taro, a kan muhimmancin adana kayan tarihi. Da hannuna na zare ta, da hannuna na ɗaura ta a sanduna. Daga baya manomin ya aiko mini cewa ta fi na farkon korar tsuntsu. Ban yi mamaki ba, mutane ma ta kora.

Zaren Baba kuwa ya sha rana, ya sha ruwa, ya sha kashin tsuntsaye. Na goge shi da auduga, na haɗa inda ya tsinke da salatif, na naɗe shi a ƙwaryarsa. Tsoro ya hana ni gwadawa ni kaɗai, kada ya tsinke a banza. Na kinkimi bidiyo da talabijin sai zauren Baba.

Na kunna. Babu hoto, sai ɗige-ɗige da ƙara shuuu. Kunya ta rufe ni, na fara tsara haƙurin da zan ba shi. Baba dai ya karkata kunne. Can cikin ƙarar sai wata murya ta fito tar, muryar saurayi mai cike da iya shege: "Salamu alaikum, masu gida!"

Baba ya zabura ya gyara zama. "Wa alaikumus salam! Kai ne? Shigo mana."

Ƙarar ta dawo, shuuu, har zaren ya ƙare. Ba mu ƙara jin komai ba. Na sa hannu zan kashe, hawaye na bin fuskata, ni da na zo da niyyar yin bayani.

Baba ya lalubo hannuna ya riƙe. "Aminina ne. Mayar baya, ɗana. Ya yi sallama, ban tambaye shi iyali ba."