Layi Uku Cikin Layar Arzika

Shekara goma sha ɗaya ke nan da muka rufe ƙanwata Rakiya a maƙabartar Ƙonni. Allah Ya jiƙan ta. Har yanzu idan na ji kukan mobilet, irin ƙaramin babur ɗinta, a bakin zaure, sai na ɗaga kai daga allon da nake dubawa, kamar ita ce za ta yi sallama ta ce, "Yaya, ɗauko alƙalami, akwai aiki."

Mu biyu mahaifinmu ya raba wa karatu. Ni na bi allo, ita aka kai ta lakwal, wato boko, har ta zama ma'aikaciyar jin daɗin jama'a, mai zagaya ƙauyukan Malbaza da Illela. Takardun buronsu, wato ofishinsu, da faransanci suke, mutanen karkara kuwa ajami suka sani. Shi ya sa ranar da ba ni da karatu take ɗauka ta a bayan mobilet, ita tana magana, ni ina rubutu.

Hanyar aikinta ba ta da ado. Takan zauna ta bar mutum ya zazzage damuwarsa duka, sannan ta tambaye shi wace ce ta fi hana shi barci. Wadda ya zaɓa ita za a kama, domin mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Sai a raba aikin ƙanana, kowa da nasa, har ita kanta, a kuma sa ranar dawowa da lissafin ranakun kasuwa. Takan ce taura biyu ba ta taunuwa, balle goma.

Wanda ba na mantawa shi ne Arzika, na wani ƙauye kusa da Dogarawa. Da rani yakan yi lodin siminti a kamiyo, wato babbar mota, da damina ya koma gona. Wata rana buhu ya zame masa, ƙugunsa ya gurɗe, ya dawo gida ba ya iya sunkuyawa. Mun same shi hadari ya fara taruwa a gabas, gonarsa ko sassabe ba a yi ba. Matarsa Tasalla ta faɗa mana a fili: idan ba a shuka gonar nan bana ba, dole ta kwashe ɗiya huɗu ta koma gidan ubanta, domin rumbu ya kusa ƙarewa. Arzika ya lissafa ciwo, da rufin ɗaki, da jakin da ya mutu. Rakiya ta ce ya zaɓi ɗaya. Ya ce, "Gonar."

Na rubuta layi uku. Na Arzika: ya je wurin sarkin noma ya nemi gayya. Na Tasalla: ta samo iri daga wurin wanta. Na Rakiya: ta samo masa takardar ganin likitan ƙashi a Ƙonni. Na ninke na ba shi, muka ce sai kasuwa mai zuwa.

Da muka dawo, Tasalla ta kawo irin gero cikin ƙwarya. Arzika kuwa bai je ko'ina ba. Rakiya ta nemi takardar, sai ya ɗaga rigarsa. Ga ta nan baduku ya ɗinke ta cikin jar fata, ya ɗaura a ƙugu daidai wurin ciwon.

Ya ce, "Ai rubutun malam ne. Na ce bari in gwada, ko Allah Ya sa a dace."

Na ji raina ya ɓaci. Na ce, "Arzika, tare muka yi allo da kai. Ka san babu aya ko ɗaya cikin takardar nan."

Ya sunkuyar da kai ya ce, "Na sani, Malam. Amma ni da nike kiran gayya in yanka akuya, yau in tahi da sanda in yi roƙo? Mi zan ce musu?"

Nan na gane kunya ce ya ɗinke cikin fata. Ina shirin yi masa wa'azi Rakiya ta taɓa hannuna. Ta ce, "Yaya Arzika, laifina ne. Na ba ka loma ta fi bakinka. Bar layarka inda take. Ranar Juma'a ka bi yayana ku gaida sarkin noma bayan salla. Gaisuwa kaɗai. Kada ka roƙi komi."

Haka muka yi. Tun daga nesa sarkin noma ya ga yadda yake jan ƙafa. Ba a gama gaisuwa ba ya ce, "Kai kuwa Arzika, wa za ya shuka maka bana? Ka yi shiru kamar ba ka da dangi?" Da ruwan shuka ya sauka, mutanen unguwa suka fita da sungumi, kafin azahar an rufe gonar. Tasalla ta kwance kayanta.

Saura layin Rakiya. Ta je asibitin Ƙonni sau biyu ba ta sami likitan ba. Ana cikin haka ciwon wuya da zazzaɓi suka kwantar da ita, kwana huɗu ta cika. Rai baƙon duniya ne.

Ranar sadakar bakwai Arzika ya iso a kan jakin aro. Ya zauna gefena, ya kwance layar, ya farke ɗinkin da wuƙa, ya miƙo mini takardar da gumi ya cinye gefenta. Ya ce, "Malam, karanta." Na karanta nasa, ya ce an yi. Na karanta na Tasalla, ya ce an yi. Da na kai layi na uku, na Rakiya, sai na ninke takardar. Ya ce shi ba biyan buƙata ya zo nema ba, ya zo ne in shaida ya cika nasa.

Yau masu furoje, ma'aikatan ƙungiyoyin agaji, suna zuwa ƙauyukan nan da fararen motoci, su tara mutane ƙarƙashin itace, su cika takardu da tambayoyi, su tafi. Ban ce ba sa ƙoƙari ba. Amma na san abin da Rakiya za ta tambaya bayan an tashi taro: wa zai yi me, kafin wace kasuwa, ku kuma ina naku layin?

Ba ta bar gini ba, ba a sa wa titi sunanta ba. Abin da ta bari shi ne gidan Arzika da bai watse ba, da wannan takarda da nake ajiye cikin gafakata. Washegarin sadakar na ɗauki Arzika a taksi zuwa asibitin Ƙonni, muka zauna bakin ƙofar likitan har ya gan shi. Da muka fito na tsoma alƙalami a tawada, na rubuta a ƙarƙashin layin ƙanwata: an yi.

Allah Ya haskaka kabarinki, Rakiya, Ya sa aikinki ya bi ki.